Pizzi da Hausawa uku a tawagar Saudiyya, amsar tambayarka

Ɗan baffa na ga saƙonka tun shekaranjiya, aiki ne ya sha kaina. Ka ce ka ci karo da tsohon wasan kofin duniya na 2018 ka ga sunan Hawsawi a cikin 'yan wasan Saudiyya, wai namu ne ko aron suna suka yi. Wallahi tambayar ta ɗan sosa min rai, amma ba komai, ai mun saba jin ta daga gida.

Bari in fara da kocin tunda shi ma ka tambaya. Juan Antonio Pizzi sunansa, haifaffen Santa Fe ne a Ajantina, 1968, amma Sifen ya buga wa ƙwallo bayan ya samu takardar zama ɗan ƙasa. A Tenerife ya yi suna, kakar 1995/96 ƙwallo 31 ya zura babu wanda ya kamo shi a La Liga, daga nan Barcelona ta ɗauke shi. Yana cikin tawagar Sifen ta 1998, wadda Najeriya ta ci 3-2, ranar da Oliseh ya ɗirka ƙwallon nan daga nesa Baba ya tashi tsaye a ɗakinmu na unguwar Hindawiyya yana ihu har ya zubar da shayi, mutumin da ƙafarsa ba ta taɓa taka Najeriya ba fa. Da Pizzi ya koma horarwa ya ci Copa America da Chile a 2016, ya doke ƙasar haihuwarsa a bugun fenareti, sai ya kasa kai su kofin duniya na Rasha, ƙarshen 2017 Saudiyya ta kira shi.

Tawagar da ya tafi da ita Rasha akwai Hawsawi har uku, Osama da Omar da Motaz, duk 'yan baya, kuma Osama ne kyaftin, ɗan Makka ne, a Al-Wehda ya taso. Wasan buɗe gasa da Rasha ranar 14 ga Yuni ya faɗo jajibirin ƙaramar salla, muna kallo da azumi a baki, kafin a sha ruwa an ci mu biyu, aka tashi 5-0, sambusa ta huce a faranti ba wanda ya kula ta. Umma ba ruwanta da ƙwallo amma da ta ga Bahaushe ne a gaba ɗaure da ƙyallen kyaftin sai da ta zauna tana ta Allah Ya kama maka ɗan nan. Uruguay ta ci mu ɗaya, muka ci Masar 2-1 a mintin ƙarshe. Pizzi ya tafi bayan Japan ta fitar da mu a kofin Asiya na 2019, ni dai ina ganin mutuncinsa, wata bakwai kacal ya samu kafin gasa.

To batun ko mu Hausawa ne. Kakanmu da ƙafa ya taho daga ƙasar Haɗeja, ya yi shekaru yana noman auduga a Jazira ta Sudan yana tara guziri, ya tsallako teku daga Sawakin, ya yi hajji ya zauna, a Makka aka binne shi. Ku a can duk wanda ya ce Makka yake zaune sai ku ce takari, kuna haɗa mu da wanda ya zo umara ya ɓuya. Akwai su Allah Ya rufa musu asiri, akwai kuma waɗanda a nan aka haife su har yau iƙama, takardar izinin zama, suke sabuntawa, wannan ciwo ne babba, amma gidaje irin namu tun zamanin kaka muke da jinsiyya, ya'ani takardar zama ɗan ƙasa, akwai malamai akwai sojoji akwai likitoci. Nan ma bayan 5-0 ɗin nan sai da wani a wurin aiki ya jefo min kalmar takruni, sunan gori da ake yi wa 'yan asalin Afirka ta Yamma, na je Kano biki kuma aka riƙa ce min Balarabe saboda ina cewa ya'ani da khalas.

Aure kuwa yawanci a tsakaninmu muke yi, ba don addini ya hana ba, gidajen ƙabilu ne ke duba asali. Yayata wani abokin aikinta ya nema, mutumin kirki, kawunnansa suka ƙi, ta daɗe ba ta farfaɗo ba. Sai kuma Baba ya ce to ɗan gida daga Najeriya fa, nan ma sai an nemi izinin hukuma don baƙo ne a takarda.

Yarana in na yi musu Hausa da Larabci suke amsawa, wannan kam na yarda laifinmu ne. Amma tuwo da miyar kuka duk Juma'a, kunun gyaɗa da azumi, kuma tsiren da duk Hijaz ke layi a kai suna ce masa siriya, hannun wa ka ke tsammani? In Allah Ya kawo ka umara zan kai ka Shara Mansur bayan isha ka ji Hausa da kunnenka. Umma ta ce ka taho mata da daddawa, ta Haɗeja take so ba ta leda ba.