Matan Ireland masu alƙalami: amsa ga mai neman inda za ta fara

Ƙanwata, kin ce duk lokacin da aka ambaci adabin Ireland sunayen maza kawai kike ji, su Yeats da Joyce da Beckett da Heaney, kina tambaya ko ƙasar ba ta yi mata mawaƙa da marubuta labarai ba ne, idan kuma ta yi, wa za ki fara karantawa, kuma yaya suka haɗa rubutu da aure da renon 'ya'ya. Na daɗe ina koyar da adabi, kuma ayyukan waɗannan matan suna cikin abin da nake karantawa tare da ɗalibaina. Matan suna nan tun da daɗewa. Dokar ƙasa da ikon coci da masu zaɓen abin da za a buga ne suka tura su bayan labule, don haka ba za ki fahimci rubutunsu ba sai kin san abin da suka yi fama da shi.

Bari mu fara da Eibhlín Dubh Ní Chonaill, domin waƙar da masana da yawa suke ɗauka ita ce mafi girma a harshen Irish, wato harshen asali na ƙasar, a ƙarni na 18 daga bakinta ta fito. A 1773 aka harbe mijinta, Art Ó Laoghaire, a yankin Cork. A wancan zamani doka ta hana ɗan Katolika mallakar dokin da kuɗinsa ya wuce fam 5, sai wani mai muƙami ya nemi ya sayi goɗiyar Art a kan wannan kuɗin, shi kuma ya ƙi, rigima ta yi tsami har ta kai ga kisa. A cikin waƙar makokin, matar tana ba da labarin yadda goɗiyar ta dawo gida da jininsa a jikinta, ta haye ta, ta kai ta inda gawar take kwance. Ba a takarda aka fara adana wannan waƙa ba. A bakin mata masu kukan makoki ta zauna shekaru da dama kafin a rubuta ta a ƙarni na 19. Duk wanda ya san yadda waƙoƙin iyayenmu mata suke tafiya daga baki zuwa baki, ba tare da sunan kowa a bangon littafi ba, zai gane dalilin da ya sa masu lissafin manyan marubuta suka daɗe suna tsallake irin waɗannan mata.

A fagen ƙagaggun labarai akwai Maria Edgeworth, wadda ta fitar da Castle Rackrent a 1800, labarin rushewar wani gidan masu ƙasa daga bakin tsohon baransu. Walter Scott, shahararren marubucin Scotland, da kansa ya ce aikinta ne ya ƙarfafa masa gwiwar rubuta irin wannan game da Scotland. Ita ba ta yi aure ba, ta ƙare rayuwarta tana kula da gandun mahaifinta da ƙannenta masu yawa.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne halin da mata suka shiga bayan ƙasar ta sami 'yancin kai, lokacin da ake zaton sauƙi zai zo. A 1929 aka yi dokar tace littattafai. Tsarin mulkin 1937 ya ɗaure darajar mace da zamanta a cikin gida, kuma har zuwa 1973 macen da ke aikin gwamnati dole ta ajiye aikin idan ta yi aure. Kate O'Brien ta Limerick ta ga an haramta littafinta The Land of Spices na 1941 saboda jimla ɗaya tak, alhali littafin labarin shugabar wani gidan mata masu zaman ibada ne, an kuma rubuta shi cikin nutsuwa da girmama addini.

Edna O'Brien ce ta fi shan wuya. An haife ta a 1930 a ƙauyen Tuamgraney da ke yankin Clare, ta koyi haɗa magunguna a Dublin, ta auri wani marubuci ba da son iyayenta ba, suka koma Landan. A can ta rubuta The Country Girls, wanda ya fito a 1960, labarin 'yan mata biyu na ƙauye da suka bar makarantar coci suka shiga birni. Nan da nan aka haramta shi a ƙasarta, mutanen garinsu suka ɗauke shi abin kunya, mahaifiyarta ba ta taɓa na'am da sana'ar ba, mijin kuma, kamar yadda ta bayyana daga baya, bai iya jure ganin matarsa ta fi shi suna ba, har auren ya mutu, ta ci gaba da renon 'ya'yanta maza biyu da abin da alƙalami yake kawo mata. Wannan ɓangare ne na amsar tambayarki game da aure: wasu sun haɗa biyun, wasu kuma sun biya da tsada. Ƙasar da ta haramta littattafanta ita ce ta dawo ta ba ta babbar lambar girmamawa ta masu fasaha a 2015, kuma ta rasu a 2024 tana da shekara 93.

Tana da alaƙa da mu kai tsaye. Tana da shekara tamanin da 'yan kai ta zo Najeriya ta gana da matan da suka kuɓuta daga hannun Boko Haram, sannan ta fitar da Girl a 2019, labarin wata yarinya mai suna Maryam da aka sace daga makaranta. A ganina, inda littafin ya fi ƙarfi shi ne bayan dawowar yarinyar gida da jaririya, lokacin da dangi suka riƙa yi mata kallon abin ƙyama, domin wannan raɗaɗin marubuciyar ta san shi tun daga ƙauyensu. Inda ya yi rauni shi ne muryar yarinyar, wadda a wurare da dama ba ta yi kama da ta 'yar Arewa maso Gabas ba. Ki karanta shi da idonki a buɗe, kina tuna cewa baƙuwa ce take ba da labarin gidanmu.

Amma idan mutum ɗaya zan zaɓar miki, to Eavan Boland ce. An haife ta a Dublin a 1944, mahaifinta jami'in diflomasiyya ne da ya shugabanci babban taron Majalisar Ɗinkin Duniya a 1960, mahaifiyarta kuma mai zane ce. Ta yi karatu a Kwalejin Trinity da ke Dublin, ta fara waƙa irin wadda maza suka shimfiɗa, sannan ta yi aure a 1969, ta koma unguwar Dundrum a bayan gari, ta haifi 'ya'ya mata biyu. A nan ta lura cewa rayuwar da take yi kullum, ta wanki da jego da tashin dare, ba ta da gurbi a waƙar ƙasarta. Mawaƙa maza sun saba siffanta Ireland kanta da mace, wani lokaci tsohuwa mai kuka, wani lokaci budurwa mai jiran masu ceto, amma macen gaske mai jini da tsoka ba a jin muryarta. Boland ba ta jira 'ya'yanta su girma ba kafin ta koma rubutu. Ta mai da renon kansa abin waƙa. Littafinta Night Feed na 1982 wata ƙaramar maɗaba'ar mata mai suna Arlen House ce ta buga shi, abin da ke nuna miki inda irin wannan aiki yake samun mafaka a lokacin.

Na taɓa karanta waƙar da littafin ya ɗauki sunanta a aji, wadda take nuna uwa ta tashi da asuba, ta yi sanɗa zuwa gadon 'yarta, ta ɗauke ta ta ba ta madara har gari ya fara wayewa. A layin baya akwai wata ɗaliba matar aure da ke zuwa da goyo, wadda ba ta cika magana ba. Da na gama sai ta ɗaga hannu ta ce ita ba ta taɓa sanin cewa abin da take yi kowane dare ya isa a sa shi a littafin da ake jarrabawa a kansa ba. A makon da ya biyo ta kawo mini baitoci shida da Hausa a bayan takardar asibiti, a kan daren da zazzaɓi ya kama ɗanta. Tun daga lokacin da wannan waƙar nake buɗe darasin.

Kada ki ɗauka gwagwarmayar ta tsohon zamani ce. A 1991 aka fitar da babban kundin adabin ƙasar mai suna Field Day a juzu'i uku, editocinsa duk maza, kuma matan da ke ciki ba su taka kara sun karya ba. Ƙorafin da ya biyo baya ne ya sa aka ƙara juzu'i biyu a kan rubutun mata, waɗanda ba su fito ba sai 2002. Boland ta koyar a Jami'ar Stanford ta Amurka har rasuwarta a 2020, kuma yanzu ɗaya daga cikin manyan ɗakunan karatu na Trinity sunanta yake ɗauke da shi.

Ki kuma nemi Nuala Ní Dhomhnaill, wadda aka haifa a Ingila a 1952, aka kai ta yankin Kerry tana ƙarama inda ake magana da harshen Irish, ta zauna a Turkiyya bayan aurenta, ta kuma zaɓi yin waƙa da wannan ƙaramin harshe duk da cewa Ingilishi ne ke da kasuwa. Mai rubutu da Hausa za ta sami abin dubawa a wurinta, musamman yadda take ɗauko tatsuniyoyin ƙauye ta yi maganar yau da su.

A yau al'amarin ya juya. Anne Enright ta ci Booker, babbar kyautar ƙagaggun labarai na Ingilishi, a 2007, Anna Burns ta Belfast ta ci a 2018, Claire Keegan kuma ta rubuta Small Things Like These a kan gidajen wanki na coci inda ake tsare 'yan matan da aka ce sun ɓata, waɗanda na ƙarshensu bai rufe ba sai 1996. Wannan littafin gajere ne, harshensa mai sauƙi, don haka shi nake ba mai sabon shiga kafin waƙoƙin Boland, sannan Edna O'Brien. Ki sani cewa wasu daga cikin marubutan, musamman Edna O'Brien da Enright, suna maganar sha'anin namiji da mace fili, fiye da yadda tarbiyyarmu ta saba, don haka idan da ƙananan ɗalibai za ki karanta, ki fara dubawa ke kaɗai kafin ki kai aji.