Magani Kala Uku, Jinin Bai Sauka Ba: Wai Tunani Ne Ke Damun Maigidana?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Likita. Maigidana shekararsa 41, yau shekara 6 ke nan yana fama da hawan jini. Magani kala uku yake sha, ni da kaina nake miƙa masa safe da dare, amma duk awon da aka yi sai a ga 170/110 ko sama da haka. Kwanan nan ƙafafunsa suka fara mutuwa, har idan ya yi sujada sai ya dafa bango kafin ya miƙe, kuma yakan tashi fitsari sau 4 a dare. An auna suga, ba shi da shi. Gwajin jini ya nuna fotasiyam ɗinsa 2.9, likitan ya ce yana zargin wani abu a saman ƙodarsa. 'Yan'uwansa sun ce tunani ne kawai, har ana raɗe-raɗin ni ce na hana shi kwanciyar hankali. Wani kuma ya kawo masa jarkar jiƙo, wai yana raba mutum da hawan jini har abada. Don Allah, ƙodarsa ce ta lalace ko ciwon daji ne? Ba na iya barci.

AMSA: Wa alaikumus salam 'yar'uwa. Allah ya ba maigida lafiya, ke kuma ya saka miki da alheri kan wannan kula.

Ba zan yanke hukunci a kan mutumin da ban gani ba, amma abin da kika zayyana ya yi kama ƙwarai da cutar da muke kira ciwon Conn, kuma na fahimci abin da likitansa yake zargi ke nan. Ki kwantar da hankalinki kan abu biyun da suka hana ki barci: ba ƙodar ce ake zargi ba, maƙwabciyarta ce, kuma da wuya matuƙa irin wannan ya zama daji.

A saman kowace ƙoda akwai wata 'yar tsoka, adirinal, wadda nauyinta bai wuce giram 4 zuwa 5 ba. Cikin sinadaran da take fitarwa akwai aldostiron, wanda aikinsa shi ne ya umarci ƙoda ta riƙe gishiri da ruwa, ta zubar da fotasiyam, wato sinadarin da tsoka ke buƙata don ta yi aiki, a fitsari. A jiki mai lafiya ƙodar ce ke neman a turo shi, ta hanyar wani sinadari, renin, idan ta ji ruwan jiki ya yi ƙasa. A wannan cuta kuwa adirinal ta daina jiran umarni, tana ta kwararo aldostiron dare da rana, ko dai saboda ɗan ƙari a gefe guda, wanda galibi bai kai santimita 2 ba, ko saboda duka biyun sun kumbura. Gishiri da ruwa su taru, jini ya hau. Fotasiyam ya tsiyaye, tsoka ta rasa ƙarfi, shi ne dafa bangon da kike gani. Ƙarancinsa kuma yana hana ƙoda tace fitsari ya yi kauri, shi ya sa yake yawan tashi da dare alhali ba shi da suga. Awon fotasiyam na daidai a jini shi ne 3.5 zuwa 5.0. Lamba 2.9 ba ta jinkiri ba ce, domin zuciya ma tsoka ce, tana iya rikicewa wajen bugu.

Likitan da cutar ta ci sunansa, Jerome Conn na Jami'ar Michigan a Amurka, ya gano ta ne a 1954 a jikin wata mata 'yar shekara 34 da ta yi shekara 7 tana fama da mutuwar jiki, ga kuma hawan jini. Aka cire mata ƙarin, ta samu sauƙi. Da daɗewa ana ɗauka ba safai ake samun cutar ba. Yanzu an san tana bayan kashi 5 zuwa 10 cikin 100 na masu hawan jini, a cikin waɗanda jininsu ya ƙi jin magani uku kuwa tana kaiwa kusan kashi 20.

To, bari in zo kan maganar da ta fi ci mini tuwo a ƙwarya, wato "tunani ne". Wallahi babu ranar da zan zauna duba marasa lafiya ban ji ta ba. Mutum ya shigo da awo 180/110, kafin in buɗe baki ɗan rakiyarsa ya riga ni: "Likita, na faɗa masa ya rage tunani." Wanda ya yi asara a kasuwa, tunani. Mai mata biyu, tunani. Wanda ba shi da mata, shi ma tunani. Gaskiya ne ɓacin rai da firgici suna ɗaga jini na ɗan lokaci, ba na musun wannan. Amma ku gaya mini, wane irin tunani ne yake kwashe fotasiyam daga jini ya zuba shi a fitsari? Wace damuwa ce za ta danne renin ta ɗaga aldostiron shekara 6 ba hutu? An bar jaki ana dukan taiki.

Illar wannan magana ba a baki ta tsaya ba. Da zarar an ce tunani ne, an rufe ƙofar bincike. Babu wanda zai sake tambayar me ya sa matashi ɗan shekara 35 yake da jinin da magani uku suka kasa. Mara lafiyan kansa sai ya riƙa shan ƙwaya ranar da ransa ya ɓaci ko kansa ya sara, ya ajiye ranar da ya ji garau, alhali hawan jini yakan yi ɓarnarsa ne shiru, kai ba ya ciwo. Sannan a nemi wanda za a ɗora wa laifi, kuma kusan kullum a kan mace ake saukewa. Ga shi ke da kike ƙirga masa ƙwaya safe da dare, ke aka mayar sanadin ciwon. Wannan zalunci ne, kuma jahilci ne, ki daina ɗaukar wannan kaya a zuciyarki.

Ba na manta wani ɗan kasuwa da aka kawo mana ɓarin jikinsa na dama ya shanye, bai cika shekara 40 ba. Ƙaninsa ya juye mini baƙar leda a kan tebur: kwalayen magani iri-iri, wasu an yanke su da almakashi babu ko suna, da ƙullin gari, da robar ruwa cike da jiƙo. A ƙasan ledar akwai wata takardar gwaji da ta sha ninki har ta fara yagewa, ta shekara 3 da suka wuce. Fotasiyam 3.0, an ma zagaye lambar da jan biro. Wani ya gani, ya zagaye, aka wuce wurin. Shekara 3 amsar tana cikin ledarsa ana ce masa ya rage tunani. Har yau idan na tuna bakinsa a karkace yana ƙoƙarin kiran sunan ɗansa, sai zuciyata ta yi zafi.

Abin da ya sa nake wannan faɗa shi ne aldostiron ba jini kawai yake ɗagawa ba, shi kansa yana cin zuciya da jijiyoyi da ƙoda. Mutum biyu masu awo ɗaya, wanda nasa na aldostiron ne ya fi shiga haɗarin shanyewar ɓarin jiki da rikicewar bugun zuciya. Kuma mu ma likitoci muna da namu kason laifin: da yawa muna jiran sai fotasiyam ya faɗi kafin mu yi zargi, alhali mafi yawan masu cutar nasu daidai yake fitowa. Layi ya yi tsawo, kati ya yi yawa, sai a ƙara ƙwaya ta huɗu a ce a dawo bayan wata 3.

Jarkar nan kuwa, ki zubar da ita yau. Ba ki san me ke ciki ba, wanda ya kawo ma bai sani ba. Mai lasifika a bayan mota da yake rantsuwa maganinsa na warkar da hawan jini da suga da basir da sanyi a kwalba ɗaya ba zai zo ya zauna da ke a ɗakin wankin ƙoda ba. Haka mai kemis da zai ga ƙafa ta yi nauyi ya miƙo Lasix, maganin sa fitsari: wannan ƙwaya fotasiyam take ƙara zubarwa, ga mai 2.9 kuwa tana iya zama ajali. Akwai kuma masu jin an ce fotasiyam ya yi ƙasa sai su ce a sha kanwa, don sun ji ana kiranta fotash. Kanwarmu sodiyam ce ta fi yawa a cikinta, dangin gishiri ce, ƙara hura wutar za ta yi.

Abin yi yanzu: ku koma wurin likitan nan cikin makon nan, kada ku jira ranar da aka rubuta a kati, a fara gyara fotasiyam ɗin. Ku tafi da duk kwalayen, domin idan cikin ukun akwai maganin sa fitsari, shi ma yana rage fotasiyam, ko da yake wannan ba ya kore zargin. Ku nemi a tura ku ɓangaren ƙwararru kan sinadaran jiki a asibitin koyarwa mafi kusa da ku, kamar na Malam Aminu Kano, ko na Shika a Zariya, ko na Sakkwato ko Maiduguri. Gwajin farko na jini ne, ana auna aldostiron da renin tare a kwatanta su, da safe, bayan mutum ya yi kamar awa 2 da tashi. Wasu magunguna suna ɓata sakamakon, musamman spironolactone da akan dakatar na mako 4 kafin gwaji, amma likita ne zai canja, kada maigida ya tsayar da ko ƙwaya ɗaya da kansa. Gwajin yana da tsada, wani lokaci sai an aika jinin wani gari. Ku lissafa kuɗin ƙwayar shekara 6, za ku ga ya cancanta.

Sai jini ya tabbatar ake hoton siti sikan, ba a fara da shi, saboda mutane da yawa suna da ɗan ƙari a adirinal wanda ba ya fitar da komai. Idan gefe guda ne, ana cire shi da tiyatar 'yan ƙananan huji. Fotasiyam yakan daidaita a kusan kowa, sama da kashi 1 bisa 3 suna rabuwa da maganin hawan jini gaba ɗaya, yawancin sauran kuma ƙwayoyinsu su ragu. Gwargwadon saurin ganowa, gwargwadon kyan sakamako, kuma shekarunsa suna taimaka masa. Idan duka biyun ne ba a tiyata, spironolactone ake bayarwa, wadda ke toshe aikin aldostiron kai tsaye, ga araha. Sai dai in gaya miki tun yanzu, a wasu maza tana sa nono ya kumbura ya yi zafi, tana kuma rage sha'awa. Maza da yawa kunya ke sa su ajiye ta shiru ba su faɗa ba. Idan haka ta faru ya gaya wa likita, akwai eplerenone da ba ta cika yin haka ba. Kuma mai shan ta sai an riƙa auna masa fotasiyam da aikin ƙoda, don a nan kuma yana iya hawa ya wuce kima.

A kicin, naki aikin babba ne. Wannan nau'in hawan jini da gishiri yake rayuwa. Ki rage gishiri da dunƙulen magi da kanwa a miya, a rage kilishi da yajin tsire da taliyar leda mai haɗe da garin ɗanɗano, a ƙara daddawa da albasa da citta don abinci ya yi daɗi.

Ga 'yan'uwan maigida kuma, idan wannan amsa ta kai gare ku: ku ji tsoron Allah kan baiwar Allahn nan. Wanda bai san ciwo ba, ya yi addu'a ya taimaka da kuɗin gwaji. Ranar komawa asibiti, babban wansa ya raka su, ya zauna ya ji bayanin likita da kunnensa. Idan kuma kafin ranar maigida ya ji zuciyarsa na fizga, ko ƙafafun suka ƙi ɗaukarsa, ko magana ta sarƙe masa, ko da tsakar dare ne ku nufi ɓangaren gaggawa da takardar nan mai 2.9 a hannu.