Filin Marubuta: Amsar Tambayoyinku Kan Hikayoyin Hindu da Labaran Mutanen Kogo

Wasiƙun da suka iso mana a wannan karon sun karkata gefe guda. Marubuta matasa da dama na son gina ƙagaggen labari a kan tsofaffin hikayoyin Indiya, ko a kan rayuwar mutanen da suka zauna a dazukanta tun kafin a san rubutu. Mun zaɓi guda biyar.

Tambaya: Assalamu alaikum. Na rubuta babi shida na wani labari mai kama da hikayoyin sarakunan Indiya na dā. Na ba jarumina ƙarfin da babu mai iya kayar da shi, amma ƙawayena sun ce labarin ba ya jan su. Ina matsalar take? (Wata marubuciya daga Kano)

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Jarumin da ba a iya kayarwa ba ya sa gaban mai karatu ya faɗi. Manyan hikayoyin Hindu biyu, Ramayana mai baiti kimanin 24,000 da Mahabarata mai kimanin 100,000, cike suke da ƙarfafa irin naki, sai dai kusan kowane ƙarfi a cikinsu da sharaɗi aka ba da shi, kuma a jikin sharaɗin akwai kafa. A kan wannan kafar ake kafa labarin.

Dubi sarki Hiranyakashipu, wanda labarinsa ya zo a littattafan da ake kira Purana. Ya shafe shekaru yana azabtar da kansa har aka ce ya roƙi abin da yake so. Ya roƙi kada ajalinsa ya zo ta hannun mutum ko dabba, kada ya zo da rana ko da dare, a cikin ɗaki ko a waje, a ƙasa ko a sama, kuma kada makami ya kama shi. A tunaninsa ya toshe ko'ina. Sai ga Narasimha, mai jikin mutum da kan zaki, ya kama shi da almuru, a kan dokin ƙofa, ya ɗora shi bisa cinya ya farke shi da farata. Sharuɗɗa biyar, babu wanda aka karya. Shi kuwa Rawana, mugun sarkin da ke cikin Ramayana, ya nemi tsari daga allolinsu da aljanu, ya raina ɗan Adam bai sa shi a lissafi ba, ɗan Adam ɗin ne, wato Rama jarumin hikayar, ya ga bayansa. Kin ga kafar daga halinsa ta fito, wato girman kai.

Don haka ajiye babi na bakwai tukuna. Ɗauki takarda ki rubuta baiwar da aka yi wa jaruminki, ko muguwarki, kalma da kalma yadda aka furta ta, da sharaɗi uku zuwa biyar. A ƙasa ki rubuta kafar da aka bari, da halin da ya hana mai baiwar ganinta. Ki sa mai karatu ya ji lafazin baiwar a kashi ɗaya bisa huɗu na farkon littafin. A tsakiya wani ya gwada kai hari ya faɗi, domin a tuna da sharuɗɗan ba tare da kin sake jera su ba. Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne marubuci ya ƙirƙiro kafar a babin ƙarshe. Mai karatu na ganewa nan take, ya ji an yi masa wayo.

Baki ma haka yake aiki, kuma Karna na Mahabarata ne misalin da ya fi kowane taɓa zuciya. Ya yi wa malaminsa Parashurama ƙaryar asali don a koyar da shi. Wata rana malamin na barci a kan cinyarsa, ƙwaro ya huda naman, Karna ya daure bai motsa ba, wannan dauriyar irin ta mayaƙa ce ta tona asalinsa. Malamin ya yi masa baki cewa zai manta sirrin makaminsa a ranar da ya fi bukatarsa. Wani kuma, da Karna ya kashe wa saniya bisa kuskure, ya ce ƙafar keken dokinsa za ta kafe a ƙasa a filin daga. Duka biyun suka same shi a rana ta 17 ta babban yaƙin Mahabarata mai kwana 18. Kowane baki da laifin da ya jawo shi, kuma an daɗe da shuka shi kafin a girbe.

Tambaya: Malam, ina son labarina ya faru a Indiya a zamanin da mutane ke zaune a kogo suna farauta. Ta ina zan fara, tunda ba su bar rubutu ba? (Wani ɗalibi daga Damagaram)

Amsa: Ba su bar rubutu ba, ɗan'uwa, amma sun bar zane, kuma da shi za ka fara. Nemi hotunan Bhimbetka, a jihar Madhya Pradesh, kimanin kilomita 45 kudu da birnin Bhopal. Akwai mafakar duwatsu sama da 700 a yankin. Masanin tarihin ƙarƙashin ƙasa V. S. Wakankar ne ya fito da wurin ga duniyar ilimi a 1957, hukumar UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 2003. Wasu daga cikin tsofaffin zanen sun kai kimanin shekara 10,000. Za ka ga farauta da kwari da baka, rawa a jere hannu cikin hannu, ɗibar zuma, giwaye, ɓauna da barewa. Akwai wani ƙaton aladen daji mai ƙaho yana bin ɗan ƙaramin mutum. Wannan zanen kaɗai ya isa a fitar da babi uku.

Amma a kula. Zanen hawa-hawa ne, na zamani a kan na zamani. Mahaya dawakai masu takubba da garkuwa da ke jikin duwatsun na baya-bayan nan ne sosai. Wanda ya kwashe su ya zuba cikin labarin mafarautan farko ya haɗa mutanen da dubban shekaru suka raba.

Ƙayyade jama'arka: mutum 25 zuwa 40 a zango ɗaya, har da jarirai da tsofaffi, kada masu suna su wuce bakwai ko takwas. A taro kaɗan irin wannan, karayar ƙafar maharbi ɗaya yunwa ce ga kowa, auren yarinya zuwa wani zango kuwa rashin hannu biyu ne. Daga nan rikicin labarinka zai taso, ba sai ka nemo sarki da waziri ba.

Sannan ka san abin da ke hannunsu. Kibiyarsu ba ta da ƙarfe. Ana fasa dutse mai santsi a fitar da 'yan siraran ɓarɓashi masu kaifi, tsawon santimita 1 zuwa 5, a tsaga bakin kara ko ƙashi, a jera su a ciki, a liƙe da ƙaron itace, a naɗe da jijiya ko zaren ɓawo. Idan tsini ɗaya ya karye, shi kaɗai ake sauyawa. Damshi na sassauta jijiya, shi ya sa bakan da ruwa ya jiƙa ba ya harbi yadda ya kamata, ga dalilin da zai sa maharbinka ya kuskure a ranar da bai kamata ba. Jan launin zanen daga jan dutse mai sinadarin ƙarfe ake niƙo shi a kwaɓa da ruwa, kana iya sa mai zanenka ya tauna bakin tsinke ya yi laushi kamar asuwaki ya shafa da shi. Shekararsu kuma damina ce ke juya ta, daga Yuni zuwa Satumba. Wajen Maris da Afrilu furen itacen mahuwa ke zuba, mai zaƙi, ana tsince shi a shanya a ajiye.

Abin da ya fi ɓata irin wannan labari shi ne harshe. Kada ka sa su magana a karye kamar marasa hankali, mutane ne masu cikakken tunani da barkwanci da kishi. Abin da za ka cire shi ne kalmar da ba ta cikin duniyarsu. Babu minti biyar, babu ranar Talata, babu "kaifi kamar reza". Nisa a auna shi da yini, lokaci da inuwa da wata.

Tambaya: Ni Musulma ce. Ina sha'awar zubin waɗannan hikayoyi amma ina tsoron shigar da allolin wasu cikin rubutuna. (Wata mai karatu daga Sakkwato)

Amsa: Hukuncin shari'a na malamai ne, 'yar'uwa, ki tuntuɓi wanda kika amince da iliminsa. Ta fuskar rubutu, zubi na iya tafiya ba tare da abin bauta ba, kuma an daɗe ana haka. Kalila wa Dimna da ɗaliban Larabci suka sani asalinsa littafin Panchatantra ne na Indiya, ya bi ta Farisa, Ibnul Muƙaffa ya mayar da shi Larabci a ƙarni na 8. Alkawarin da ya zama ƙarfen ƙafa, 'yan'uwan da gadon sarauta ya raba, sarkin da caca ta ci wa ƙasa, labari a cikin labari, duk za ki iya ɗauka ki zuba a masarautar da kika ƙirƙira. Idan kuwa kin ambaci Rama ko Krishna, waɗanda mabiya addinin Hindu ke bauta wa, da sunansu, ki tuna cewa addini ne mai rai, kusan kashi 80 cikin 100 na mutanen Indiya ke binsa bisa ƙidayar 2011. Ki faɗi abin da mabiyansa suka yi imani da shi daidai, ba tare da izgili ba.

Tambaya: Zan iya haɗa jaruman Mahabarata da mutanen daji a labari ɗaya? (Wani malamin makaranta daga Kumasi)

Amsa: Za ka iya, Malam, idan ka rarrabe zamuna uku da ake yawan cakuɗawa. Akwai mafarauta masu kayan dutse. Akwai biranen kwarin Indus irin su Harappa da Mohenjo-daro, da suka bunƙasa daga wajen 2600 zuwa 1900 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), masu ƙonannen tubali da magudanan ruwa da auduga da tagulla, waɗanda har yau ba a iya karanta rubutunsu ba. Sai duniyar hikayoyin, ta sarakuna da kekunan doki, wadda aka tsara baitocinta bayan waɗancan da nisa.

Mahaɗar da ta fi inganci tana cikin hikayoyin kansu, domin mutanen daji na nan a gefen labarin. Guha, shugaban Nishada, wata ƙabilar daji, shi ya ƙetarar da Rama kogin Ganga. Ekalawya, ɗan wani shugaban Nishada, ya je wurin Drona, malamin 'ya'yan sarki, neman ilimin harbi aka ƙi karɓarsa. Ya koma daji ya gina siffar malamin da yumɓu, ya yi ta gwaji a gabanta har ya iya cika bakin kare mai haushi da kibiya bakwai. Da Drona ya ga yaron zai sha gaban Arjuna, ɗan sarkin da ya fi so cikin ɗalibansa, sai ya nemi ladan koyarwa: babban yatsansa na dama. Ekalawya ya yanke ya miƙa. Hikayar ta ba wannan 'yan baitoci ta wuce. Mahaifiyarsa fa? Me mutanen zangonsa suka ce da ya dawo da hannu a naɗe? Nan ne fili yake ga marubuci, kuma a ganinmu ya fi sake ba da labarin yaƙin da kowa ya sani.

Gargaɗi ɗaya mai nauyi. Ƙabilun da ake kira Adiwasi, irin su Gond da Bhil da Santal, sun haura mutum miliyan 100 a ƙidayar 2011. Mutanen yau ne, manoma da malamai da 'yan siyasa. Kada ka kwashi rawarsu da sunayensu ka liƙa wa mutanen kogo kamar su ne ragowarsu.

Tambaya: Wane abinci da waɗanne sunaye zan sa? (Daga Maraɗi)

Amsa: Cire barkono, tumatir, dankalin turawa, masara, gyaɗa da taba. Dukkansu daga nahiyar Amurka suke, sun shiga Indiya ne bayan jiragen Fotugal sun isa gaɓarta a 1498. Shayi ma bai zama abin shan jama'a ba sai bayan gonakin da Turawan Ingila suka buɗe a Assam a ƙarni na 19. A fadar sarki ka sa shinkafa, sha'ir, alkama, riɗi, man shanu, nono, zuma, mangwaro, citta da masoro. A bakin kogo kuwa nama, kifi, saiwoyi, 'ya'yan itace da zuma kawai, babu hatsin noma.

Sunayen da ka saba ji a fim, irin su Khan da Kapoor, ba na wancan zamanin ba ne. Ga fada, ɗauki gajerun sunaye na Sanskrit, tsohon harshen hikayoyin, masu gaɓa biyu ko uku, kada biyu su fara da harafi ɗaya, ka tsaya a kan rubutu guda daga farko har ƙarshe. Ga mutanen kogo, laƙabi da Hausa ya fi zama, irin wanda ake samu daga tabo a jiki, ko lokacin haihuwa, ko dabbar da mutum ya fara kashewa.