Amsa ga ɗan ƙanwata kan maganar gurmi

Ɗana,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kai da abokan zamanka a Yamai. Mu nan Tawa lafiya lau, sai ƙurar hunturu da ta rufe gari. Saƙonka ya iso ni tun ranar Lahadi. Da gangan na ƙi amsa maka ta waya, don wannan ba maganar tsaye ba ce.

Ka ce ka fara zuwa cibiyar koyon kiɗa ta Alhaji Taya kana koyon gurmi, labari ya kai kunnen innarka, ta ce maka mu ba makaɗa ba ne. Shi ne kake tambayata, ashe kayan kiɗa ma suna da dangi? Ƙwarya ce da fata da tsarkiya, me ya haɗa su da asalin mutum?

Innarka autarmu ce, a bayana ta yi wayo, na san abin da take jin tsoro. Ba ta yi maka ƙarya ba, sai dai rabin maganar ta ba ka.

Can wajenku kalma ɗaya ce, mizik, ta kwashe komai. Mu ba mu da irinta. Abin da aka buga da hannu ko da makaɗi, ko aka kaɗa tsarkiyarsa, kiɗa ne. Har goge da gogawa ake yi, kiɗan goge muke cewa. Abin da aka hura wa iska busa ce. Abin da ya fito daga maƙogwaro waƙa ce. To amma ka lura da tsoho in ya jiyo ganga daga nesa. Ba ya cewa wane kiɗa ne wannan. Cewa yake, kiɗan wa ake yi? Nan amsarka take. A wurinmu kiɗa magana ce, ita kuwa magana da wani ake yin ta.

Shi ya sa kowace sana'a da abin da ake kiran ta da shi. Tambari na sarki ne, ba a buga wa attajiri shi ko dukiyarsa ta kai ina. Kakaki ma haka, wannan doguwar busar ƙarfe da ta fi mai busa ta tsawo nesa ba kusa ba, wadda ake harhaɗawa gaɓa-gaɓa. In ka je Damagaram da salla za ka ji ta a ƙofar fada, da algaita a gefenta. Ka tsaya kusa da mai algaita ka dubi kumatunsa: ya cika su da iska, yana shaƙa ta hanci yana busawa ta baki a lokaci guda, shi ya sa sautin ba ya yankewa. Garaya ta maharba ce, su da 'yan bori. Kalangu na mahauta ne, ko da yake ya daɗe da fita dandali wajen 'yan mata da 'yan dambe. Sarewa tana daji da makiyayi. Mata kuwa suna da shantunsu da ƙwaryarsu, wani sa'in su kife ƙwaryar a kan ruwa su buga. Ko luguden da kakarka ke yi da kishiyarta a turmi ɗaya, taɓarya na sauka taɓarya na tashi, suna cilla ta sama su tafa kafin su cafe, ai kiɗa ne, ba wanda ya taɓa ce musu sun zubar da asali.

Mu manoma ne, namu gangar noma.

Bari in tsaya a kan kalangu, don shi ya fi nuna abin da nake nufi. Jikinsa itace ne da aka rarake, tsakiyarsa a tsuke, bakinsa biyu an rufe da fata, tsarkiyoyi sun haɗa wannan baki da wancan. Makaɗi ya rataya shi, ya sa shi a hammata. In ya matse, fata ta ɗaure, murya ta hau. In ya saki, ta sauko. Yanzu ka faɗi kuka ta miya, ka kuma faɗi kuka na hawaye. Baƙaƙen ɗaya ne, amma a ta miya muryarka ta hau ta faɗo, a na hawaye ta tsaya a sama. Harshenmu da hawa da sauka yake tafiya, da dogon wasali da gajere. Su kalangu ke bi. Don haka in an ce kalangu yana magana ba azanci ba ne kawai, mai kunne yana jin sunansa a ciki.

Wannan suna da ake kira da ganga shi ne take. Kowane namijin duniya a da yana da takensa, na noma ko na kokowa ko na sarauta, wani ya gada, wani ya samu da guminsa. Kirari da baki ake yi, take da hannu. Na ga ƙato da ya gaji har hauya na faɗuwa daga hannunsa, aka saki takensa, ya zabura kamar yanzu ya fito daga gida.

A nan ne nake da abin da har gobe yake ci mini rai. Shekarar da na fara aikin koyarwa a lakwal, na zo gida da damina da abokaina biyu 'yan birni, na sa wando da takalmi sau-ciki. Muka tarar ana gayya a gonar Baba. Makaɗin gidanmu, tsoho ne mai ido ɗaya, ubansa ya yi wa kakanmu kiɗa, da ya hango ni sai ya bar bayan manoma ya nufo ni, ya durƙusa da gwiwa ɗaya, ya saki taken kakanmu. Ni kuwa kunya ta kama ni gaban baƙina. Na laluba aljihu na danƙa masa dala ashirin, na ce ya isa haka. Ya dubi kuɗin, ya dube ni, ya ɗora tafinsa kan fatar gangar, ta yi shiru. Baba bai ce mini uffan ba, sai dai na ga ya tsaya da noma ya jingina da ƙotar hauya. Tsohon nan bai sake buga mini wannan take ba har ya koma ga Allah.

Sai a 1975, da aka yi kokowar ƙasa ta farko nan Tawa, na ga 'yan kokowa daga jihohi suna tsuma in makaɗinsu ya taɓa ganga, sannan na gane abin da na mayar da hannu. Ba roƙona tsohon ya zo yi ba. Gaya mini yake ni ɗan wane ne. Yau a cikinmu duka ba wanda zai iya kawo maka taken nan cikakke, farkonsa kawai nake iya bugawa a cinya.

Ka ce ana koya muku do, re, mi, da ƙidayar bugu. Ka riƙe su da kyau, ilimi ne. Amma kada ka auna namu da mudunsu ka ce ya gaza. Su matakai bakwai suke hawa, yawancin waƙoƙinmu a kan biyar suke tafiya, kuma ba rashi ba ne. Mu abin da muka ba ƙarfi shi ne yadda bugu ke shiga tsakanin bugu. Ka saurari babban kalangu da ɗan ƙaraminsa: ƙaramin ya kama abu guda yana ta maimaitawa ba ya kaucewa, shi ne turken, babban kuma ya yi ta yawo a kai yana zance. Waƙa ma haka, jagora ya ja baiti, 'yan amshi su karɓa, wani sa'in su ƙarasa masa maganar da ya bari a rataye. Wanda bai iya amshi ba ba a ba shi jagora. Shekaru yaro ke yi yana ɗaukar kaya yana amshi kafin a yarda ya buɗe baki shi kaɗai.

To, tsoron innarka. A da makaɗi a kan kyauta yake rayuwa, shi ya sa aka haɗa shi da roƙo, har wasu gidaje ba sa ba shi aure. Ga kuma goge da garaya da mutane suka san su da bori da wuraren shashanci. Wannan take hangowa, tana tsoron ranar da za ka je neman aure a ce ɗan kiɗa ne. Kada ka raina wannan tsoro, na uwa ne. Ta fuskar addini kuwa malamai sun yi maganganu, ka je ka zauna da malamin da ka yarda da shi, ni ba zan yi maka fatawa ba. Amma rainin da ake yi wa makaɗa, ni dai ban yarda da shi ba. Mutanen da suka riƙe mana sunayen kakanninmu lokacin da ba mu da takarda, mu ci moriyarsu sannan mu ce ba su isa su zauna tabarma ɗaya da mu ba? Wannan zalunci ne, ni ma na taɓa yin sa, na gaya maka.

Kuma gado ba shi kaɗai ke yin makaɗi ba. Marigayi Malam Maman Barka malamin lakwal ne kafin a san shi da gurmi. A wannan cibiya taku, da aka buɗe a 1989, ya yi aiki. Shi ne ya tafi bakin tafkin Chadi ya zauna gaban wani tsoho ɗan ƙabilar Buduma ya koyi biram, abin kiɗan nan mai tsarkiya biyar mai siffar jirgin ruwa, lokacin da ya kusa ɓacewa. Ya rasu a 2018. Da ya ce ba na gidansu ba ne, wa ya san inda biram yake yau? Nan Tawa ma gasar kiɗa ta ƙasa sunan mawaƙi aka sa mata, Ɗan Gurmu, ba sunan wani mai kuɗi ba.

Saboda haka ka ci gaba da gurminka, amma da sharaɗi. Karatunka na gaba. Kada ka kaɗa wa kowa don ya ba ka. Kada ka ɗauki taken wani gida ko na sarauta ka sa a wasanka ba ka tambayi masu shi ba. In ka shiga wurin tsohon makaɗi, ka cire takalmi ka gaishe shi kamar yadda za ka gai da ni.

Innarka ka bar ni da ita, zan je da kaina bayan sallar Juma'a. Kai kuma in an ba ku hutu ka zo da gurmin da wayarka mai ɗaukar murya. Ƙaramin ɗan tsohon nan yana nan da rai a ƙauye, ya tsufa, an ce har yanzu gangar ubansa na rataye a ɗakinsa. Za mu sayi goro mu tafi tare. Zan buga masa farkon taken a cinyata, mu ji ko hannunsa zai tuna sauran.

Ka gai da mutanen gidan da kake zaune.

Kawunka