Yadda saƙo ke tsallakawa daga ƙwayar jijiya zuwa wata

Ɗan'uwa, ka tambaya ko ƙwayoyin jijiya a haɗe suke, shi ya sa saƙo ke bi ta cikinsu. A mafi yawan wurare ba a haɗe suke ba. Tsakanin bakin wata ƙwaya da ta gaba akwai ɗan gibi, faɗinsa nanomita 20 zuwa 40 kacal (nanomita ɗaya kashi ɗaya ne cikin miliyan na milimita).

Saƙon lantarki yana gangarowa har ƙarshen jijiya, amma ba ya iya tsallake gibin. Da isarsa sai wasu ƙofofi su buɗe, kalsiyam ya kwararo ciki. Shi ke sa ƙananan jakunkuna masu ɗauke da sinadarai su manne da bangon ƙwayar, su juye kayansu cikin gibin. Sinadaran su ratsa, kowanne ya kama mai karɓarsa a ɗaya gefen kamar mabuɗi a ƙofarsa. Daga cikin waɗannan sinadarai, gulutamet yana zuga ƙwayar ta gaba ta harba nata saƙon, GABA kuwa kwantar da ita yake yi. Ƙwaya ɗaya takan karɓi dubban irin waɗannan saƙonni, wanda ya rinjaya shi ke aiki. Masanin kimiyya Otto Loewi ne ya nuna a 1921 cewa jijiya na isar da saƙo ta hanyar sinadari, da gwaji a kan zuciyoyin kwaɗi.

Abin da aka fi mantawa, kuma a ganina ya fi ban sha'awa, shi ne kwashe sinadarin bayan ya gama aiki. Ko a mayar da shi cikin ƙwaya, ko a farfasa shi nan take. A nan wasu magungunan kashe ƙwari ke ɓarna: suna hana farfasa asetilkolin, sinadarin da ke kai saƙon jijiya ga tsoka, sai tsoka ta yi ta karkarwa, numfashi ya gagara.