Tambaya da Amsa: Fim ɗin mawaƙan rok da "ba a yanke komai ba"

TAMBAYA: Salam. Ina yawan ganin finafinan mawaƙan rok na Turawa, irin na ƙananan kamfanoni masu zaman kansu, an rubuta wai wannan ne cikakke da ba a yanke komai ba. To wa ke yankewa tun farko, kuma da gaske akwai bambanci? Daga mai karatu a Zariya.

AMSA: Wa alaikassalam. A Amurka dai ba gwamnati ke sa almakashi ba, masu fim ne da kansu. Akwai hukumar masana'antar da ke ba fim matakin shekaru, in tsiraici ko shan ƙwaya ya yi yawa sai a buga masa NC-17, wato na manya kawai, matakin da aka ƙirƙiro a 1990, kuma sinimomi da yawa ba sa haska irinsa, to ƙaramin furodusa da ya ciwo bashi ya yi fim ai dole ya rage wasu wurare don ya samu R, matakin da ke ƙasa da shi wanda yara za su iya shiga tare da babba. Daga baya sai a maido da su a faifan DVD. Amma fa ka lura, wani lokacin talla ce kawai, ƴan mintuna na hira aka ƙara, ba a mayar wa hukumar ba, shikenan sai a sayar maka da sunan cikakke.

Ni a ganina waɗanda suka fi danne irin finafinan nan mawaƙan ne da danginsu. Mai ɗaukar hoto Robert Frank ya bi ƙungiyar mawaƙan rok ta Rolling Stones rangadinsu na Amurka a 1972, ya ɗauki komai, shan ƙwaya a bayan fage, sheƙe aya cikin jirgin sama, har wurin da mai kaɗa musu gita Keith Richards da wani abokinsa suka wurgo talbijin daga benen otal. Da suka ga fim ɗin sai hankalinsu ya tashi suka garzaya kotu, ƙarshe aka ce ba za a haska shi ba sai ƴan lokuta a shekara, kuma sai Frank na wurin. Sunan fim ɗin ma batsa ne, ba zan rubuta shi a nan ba. Wannan ba yanka aka yi masa ba, kusan kulle shi aka yi gaba ɗaya, shekara da shekaru kwafin sata ne ke yawo.

Darakta Todd Haynes ma ya sha irin wannan, ya yi fim ɗin labarin mawaƙiya Karen Carpenter da ƴar tsanar Barbie, ɗan'uwanta Richard ya kai ƙara kan waƙoƙin da aka sa ba izini, aka janye fim ɗin a 1990. Da Haynes ya zo yin fim ɗin Velvet Goldmine a 1998 kuma mawaƙi David Bowie ya hana shi waƙoƙinsa.

Shawara, ka duba tsawon mintunan kwafin biyu kafin ka ƙona data, kuma don Allah kar ka kunna a falo yara na zaune.