Filin Kawu: A Biya Mutum Dala Don Ya Raka Ka Yawon Ƙasa?

Tambaya: Assalamu alaikum Kawu, ina gajiya ina aiki. Ni malamar makaranta ce mai ritaya, ɗiyata tana aikin jinya a Amurka kuma Allah ya sauke ta lafiya, shi ne zan tafi zaman jego. To mijin nata ya ce in anka yi arba'in za su kai ni wani gari wai shi New Orleans, har ya yi magana da wani mai rakiya da za a biya ya zagaya da mu tsofaffin unguwanni da ƙafa, mu kaɗai, awa uku. Da ya faɗi kuɗin na buga lissafi da naira sai da na yi salati. Kawu ƙafata ce, idona ne, ga taswira cikin waya, mi za a biya? Kuma an ce garin makaɗa ne, ni mai jikoki mi ya haɗa ni da kiɗa? Sannan yana ta faɗin Kiriyol Kiriyol, ƙabila ce ko abinci?
Wata Hajiya daga Gesse, Birnin Kebbi

Amsa: Wa'alaikumus salam Hajiya, barka da arziki, Allah ya raya ya kuma ba mai jego lafiya. Ki bar surukin nan naki ya kashe kuɗinsa, ba a hana suruki neman albarka. Kuma ba ƙafar mutumin za a biya ba, bakinsa za a biya.

Na taɓa zuwa garin sau ɗaya, taro ya kai ni, kuma ranar farko tunaninki sak na yi. Na shiga tsohuwar unguwar da suke kira Unguwar Faransawa, French Quarter kenan in kin duba taswira, ni kaɗai kamar wanda ya san gari, na yi awa biyu ina ta kallon benaye masu baranda ta ƙarfe da shagunan tsaraba, na koma masauki da ciwon agara da hotuna da ban san mene ne a cikinsu ba. Kashegari wani abokin taro ya ja ni muka bi mai rakiya, layukan nan dai da na taka jiya, amma wallahi kamar an canja gari cikin dare. Maganarsa ta farko ma ita ce sunan unguwar yana ruɗin mutane. Faransawa ne suka kafa garin a 1718 a bakin kogin Misisifi, daga baya Sifaniyawa suka karɓa, a zamaninsu aka yi gobara biyu, ta 1788 da ta 1794, suka lashe yawancin gidajen Faransawan, to abin da ido ke gani yau mafi yawa ginin bayan gobara ne. Sai a 1803, bayan ya sake komawa hannunta, Faransa ta sayar wa Amurka yankin Luwiziyana da garin yake ciki kakaf a kan dala miliyan 15. Wannan duk ana iya karantawa a waya, na yarda. Abin da waya ba za ta yi miki ba shi ne ta tsayar da ke a bakin wata ƙofa ta ce leƙa nan. In kin leƙa sai ki ga doguwar hanya kamar soro, can ciki tsakar gida da shuke-shuke, irin dai tsarin gidajenmu da ba a ganin cikinsu daga titi, daga can baya kuma wani siririn bene. Ya ce nan bayi da barori suke kwana, kicin a ƙasa su a sama. Jiya na wuce irinsa ya fi goma ban san me na wuce ba.

Maganar kiɗa kuwa, na san abin da kike gudu, kuma akwai shi. Akwai wani titi Bourbon, da dare mafi yawansa mashaya ne, ba wurinki ba ne, ba wurina ba ne. To amfanin rakiyar ku kaɗai kenan, ku ke da ta cewa. Ki sa suruki ya faɗa wa mutumin tun kafin ranar: ba ma son wannan titin, ba ma son yawon labarin fatalwa da bokaye da suke sayar wa 'yan yawon buɗe ido da dare, Dandalin Kongo muke so da Tireme, tsohuwar unguwar baƙaƙen fata.

Dandalin Kongo fili ne kawai, in ba a faɗa miki ba za ki ɗauka wurin shan iska ne, 'yan itatuwa da daɓen dutse. Amma tun 1719 jiragen bayi suka fara isowa Luwiziyana, kuma a zamanin Faransawa mafi yawansu daga yankin Senegal da Gambiya aka kwaso su, har da waɗanda suka iya noman shinkafa, ke mutuniyar Kabi kin san wannan ba ƙaramin ilimi ba ne, su suka kai shi can. Ranar Lahadi ana ɗaga wa bayi ƙafa, sai su taru su ci kasuwa, su buga ganga su yi rawa da waƙa da harsunansu, a 1817 hukumar garin ta yi doka cewa a wannan filin kaɗai za su riƙa taruwa. A yawancin Amurka an hana bayi ganga, a nan ba ta mutu ba. Ni da na tsaya wurin ba rawa ce ta zo mani ba, tunanin mutumin da aka ɗauke yana yaro daga bakin wani kogi, yini ɗaya cikin bakwai yake samun wanda zai gaisa da shi da harshen uwarsa, shi ya zo mani. Na san cikin ɗalibanki na da kin koyar da cinikin bayi daga littafi, to ga wurin.

Daga wannan tushe, aka haɗa da algaitun ƙarfe na badujalar soja da waƙoƙin coci da waƙoƙin kukan zuci na baƙaƙen fata, wajen 1900 kiɗan jaz ya fito. Kunnenki zai tsinci wani abu a ciki, ɗaya ya ba da waƙa saura su karɓa, kamar makaɗin fada da 'yan amshinsa, sannan akwai wani abin kiɗa banjo da asalinsa dangin su molo da gurmi ne. Amma kar wani mai rakiya ya yi miki daɗin baki don ya ji daga Najeriya kike ya ce ai kalangunku ne ya zama jaz, ba haka ba ne, abu ne da aka dafa a can da kayan haɗi da yawa. Babban gwaninsu Louis Armstrong, mai busa, an haife shi a garin a 1901, filin jirgin da za ku sauka ma sunansa aka sa, haka lambun da Dandalin Kongo yake ciki. Ya zo Najeriya a 1960, akwai hotonsa da Sardauna a Kaduna suna dariya. Ki faɗa wa mai rakiyar wannan, ke ma ki sayar masa da labari.

Abin da zai ba ki mamaki shi ne jana'izarsu, da busa da ganga ake raka gawa, a tafi da kiɗan juyayi a dawo da na rawa, jama'ar unguwa na biye a baya. Mu dai sai mu ce subhanallahi, amma ki tambayi dalili. Da can kamfanonin inshora ba sa karɓar baƙar fata, sai suka kafa ƙungiyoyin taimakon juna, ana zubi kamar adashi, wanda ya kwanta ciwo a duba shi, wanda ya mutu a yi masa sutura har da makaɗa. Ƙungiyoyin suna nan har yau. Kaburburan ma a sama suke kamar ƙananan ɗakuna, garin fadama ne, in an haƙa ba nisa sai ruwa. Tsohuwar maƙabartarsu ta St. Louis mai lamba ɗaya tun 1789 take, kuma daga 2015 ba a barin baƙo ya shiga sai da mai rakiya. Wannan ki ga dama, ba dole.

Kiriyol kuma duka biyun ne. Asalin kalmar haifaffen gida take nufi, wanda aka haifa a Luwiziyana ba jirgi ya kawo shi ba, fari ne ko baƙi. A hankali ta koma sunan mutanen da suka fito daga cuɗanyar Faransawa da Sifaniyawa da 'yan Afirka da 'yan asalin ƙasar, masu jin Faransanci, yawanci 'yan Katolika, da yawansu baƙaƙe ne 'yantattu masu gidaje da sana'o'i tun ana tsakiyar bauta. A 1809 mutum wajen 10,000 da suka guje wa juyin Haiti suka ƙaru a kansu ta hanyar Kuba. Ga wani da zai yi miki daɗi: a 1786 gwamnan Sifaniyawa ya sa doka matan nan baƙaƙe su riƙa rufe gashinsu don a bambanta su da matan Turawa, sai suka mayar da abin gayu, suka shiga ɗaurin ɗankwali kala-kala, mai dokar ya ga ta kansa.

Abincin ne inda nake so ki buɗe ido. Gumbo miyar da suke alfahari da ita, sunan daga kalmar kuɓewa ya fito, mutanen Kamba masu shiga Gaya ta Nijar sun san gombo a bakin 'yan Faransanci. Jambalaya kuwa dafa-duka ce ƙiri-ƙiri. Sai dai fa Hajiya alade ya yi katutu a girkinsu, akwai wani tsiran alade da suke yankawa cikin gumbo da jambalaya, har wake da shinkafar da suke ci ran Litinin da ƙashin alade ake dafawa, wani girkin kuma a zuba giya. Kar ki ga an rubuta na kifi ki saki jiki, a tambaya ko an sa naman alade ko romonsa. Kifi da jatan lande suna da yawa, sannan akwai wani fankensu da ake barbaɗa wa garin sukari a sha da kofi.

Saura ƙanana. Masu rakiya a garin sai da lasin daga hukuma, a tambaye shi. Ku fita da safe, zafinsu daga Yuni zuwa Satumba ba irin namu busasshe ba ne, mai gumi ne kamar an rufa miki bargo jiƙaƙƙe, kuma lokacin guguwa ne har zuwa Nuwamba, kin tuna Katrina ta 2005. Takalmi mai taushi, ba na zuwa biki ba. A faɗa masa lokacin azahar ya san inda za ku tsaya. Akwai ɗan ihsani da ake ƙara wa mai rakiya bayan kuɗinsa, al'adarsu ce, suruki ya sani. In kuma gwiwa na damunki ki ce a rage zuwa awa biyu, sauran ku hau taragon titin St. Charles ku zauna ku yi kallo.

Tambaya: Kawu barka da war haka. Na gama digiri shekara biyu ba aiki, duk lokacin bikin kamun kifi ni ke zagayawa da baƙin yayana kyauta kuma suna yabawa. Anya wannan zai zama sana'a a nan?
Wani ɗanka daga Argungu

Amsa: Ɗana zai zama, amma ba da biki kaɗai ba, kwana nawa ne bikin gaba ɗaya, wata shekarar ma ba a yi. Ka nemi baƙin da ke zuwa kullum, 'yan bautar ƙasa, makarantu masu fita ziyara, ma'aikatan da aka turo, dillalan shinkafa da ke kwana biyu suna jiran mota. Kayan sayarwa kam kana da su. Gidan Nabame fada ce har 1942 kafin ta zama gidan tarihin Kanta a 1958, ga kogin Matan Fada inda ake kamun kifin, ga labarin zuwan Sarkin Musulmi Hassan a 1934 da bikin ya samo asali, ga UNESCO ta sa bikin cikin jerinta na al'adun gargajiya na duniya a 2016. Amma wannan kowa na iya haddacewa. Ka je ka durƙusa gaban dattawan masunta su faɗa maka yadda ake riƙon homa da gora da aikin Sarkin Ruwa, ka kai gaisuwa fada da wurin ma'aikatan gidan tarihin su san da kai tun kafin ka fara shigo musu da mutane. Abin da ba ka tabbatar ba kar ka ƙaga don baƙo ya ji daɗi. Ka yanke kuɗi tun kafin a ɗaga ƙafa, ban da “ko nawa ka bayar”, kuma a halin da ake ciki ka tsaya cikin gari, ban da kai baƙi daji. Ka taka hanyar kai kaɗai da agogo ka ga ko ta wuce awa biyu, duk inda za a tsaya ya zama akwai inuwa. Ina nan zuwa Argungu bayan salla, ni zan zama baƙonka na farko mai biya, kuma ka sani ina da yawan tambaya.